Littafin da Aka Cire Daga Hannun Da Mgborie

A ƙauyenmu Umunkwota, kowa da littafin waƙarsa ake binne shi. Ban san wanda ya fara ba. Na dai tashi na tarar idan ɗan coci ya rasu, bayan an sa masa fararen kaya sai a ɗora masa littafinsa a ƙirji a naɗe hannuwansa a kai, don kada ya isa gaban Ubangiji ya tsaya zuru ana waƙa. Wannan aikinmu ne mu umuada, wato 'ya'yan dangi mata da muka yi aure a wasu garuruwa. In aka yi rasuwa mu ake kira, kuma abin da muka faɗa a kan gawa ya zauna. Ko fasto ba ya ja da mu.

Littafin kuwa ba irin na kasuwa ba ne. Wani malamin coci ɗan garinmu ne ya rubuta shi tun kafin yaƙin basasa, da Igbo irin ta bakinmu, ba ta makaranta ba, ya ɗora waƙoƙin a kan muryoyin da iyayenmu mata ke yi a gonar rogo da ɗakin mai jego. Sau ɗaya aka buga shi a Onitsha. Yaƙi ya ci rabonsa, gara ta ci nata, sauran kuma mu muka yi ta zuba su a ƙasa da hannunmu, ɗaya bayan ɗaya, muna ganin aikin kirki muke yi. Ba wanda ya taɓa tsayawa ya duba saura nawa, sai Ticha Obidiegwu.

Ticha wan mahaifina ne, dogo siriri, mai faɗan tsiya. Dede muke ce masa, yadda ake kiran babba namiji a wajenmu. Shi ya riƙe mawaƙan cocinmu tun ina goye har aka kawo fiyano da lasifika aka ce ya huta. Nasa littafin yana ƙirjin matarsa, don da ta rasu an tarar gara ta cinye nata, shi kuma ya ce ba za ta tafi hannu wofi ba.

Ranar da za a binne Da Mgborie (Da muke ce wa babbar mace don girmamawa), tsohuwar da ta fi kowa daɗewa a cikin matan da aka auro mana, mun gama shirya ta tun da hantsi. Ni na ɗora mata littafin. Bangonsa ya yi baƙi da manja da gumin hannu, ta ɗaure shi da ƙyallen zani. Muna zaune kewaye da akwatin sai ga Ticha ya shigo da sandarsa, ba ko gaisuwa.

Da Ahunna, shugabarmu, ta ɗago kai. "Dede, ka yi ɓatan hanya ne? Maza suna can gindin bishiya wajen bammi."

"Wurin littafin na zo," in ji shi. "Shi ne na ƙarshe. Na bi garin nan gida-gida, babu wani."

"To sai aka yi yaya?"

"Ku bar shi a sama."

Raina ya ɓaci matuƙa, don ina wurin lokacin da Mgborie ta riƙe hannun 'yarta Nkwachi ta ce kome za a manta, kada a manta da littafinta. Na ce, "Dede, da girmanka za ka zo ka yi wa gawa ƙwace? Naka ai ka san inda ka kai shi."

Bai kula ni ba. Ya dubi Ahunna ya ce, "Waƙar da aka yi wa uwarki ranar da aka sauke ta kabari, yi mini baiti na biyu."

Ahunna ta buɗe baki, ta kama farkon, ta tsaya. Ta waiga wajenmu. Mu ma sai kallon juna, kowa na jiran wata ta ɗauka. Muryar tana kanmu duka, kalmomin ne suka zube.

"Kun gani," in ji shi. "Ni ma da nake cika baki rabi na riƙe. In kuka rufe akwatin nan da shi, shi ke nan. Ku ba ni shi in koya wa yara. Mgborie ta haddace shi tun kafin a haifi yawancinku, ba ta buƙatar takarda."

Nkwachi, wadda ta zo daga Legas da gilashinta, ta ce cikin kuka, "Ba sai a ɗauki hotonsa da waya ba?"

"Ɗauki mana, 'yata. In kin koma Legas sai wayar ta zo ta tsaya a coci ta koya musu."

Aka yi ta ja-in-ja har aka fara buga ƙararrawa. A ƙarshe tsohon nan ya jingine sandarsa, ya durƙusa a gabanmu a kan siminti, mutumin da ban taɓa ganin ya sunkuya wa kowa ba. Abin ya yi wa Ahunna nauyi. Ta ci shi tarar zakara saboda shigowa ɗakin gawa ba izini, sannan ta dube ni ta ce, "Ure, ke kika sa, ke za ki cire."

Na cire. Hannun ya riga ya sandare, sai da na ɗan yi ƙarfi. Yatsun suka tsaya a tanƙware yadda suke, suna riƙe da iska. Haka aka rufe ta. Nkwachi ba ta sake yi wa ɗayanmu magana ba har ta koma.

Ran Lahadi Ticha ya sa aka yi sanarwa: duk Alhamis da yamma za a koyi waƙoƙin gida. Fastonmu yaro ne, ɗan wani gari, mai kirki kuwa. Ya yaba ƙwarai, ya ce a tafa wa Ticha, aka tafa. Makon farko an cika benci uku, don Ticha ya sa an kwaɓa abacha, wato kwaɗon rogo, da kifi. Mako na biyu babu abacha, sai benci ɗaya. Samarin suka ce waƙoƙin suna da jan rai kamar ana rakiyar gawa, kuma ba sa hawa fiyano. 'Yan matan suka ce rubutun ya yi musu wuya, su da ko Igbon makaranta sai sun yi ta in-ina. Wata ta tambaye shi ko akwai na Turancinsa. Ban ga laifinsu sosai ba. Mu muka haife su, mu muka riƙa dukansu in sun yi yaren gida a gaban baƙi.

Garin mijina ba nisa, don haka na riƙa zuwa. Ba don Ticha ba, haushinsa nake ji har lokacin. Hannun nan ne ya hana ni sakat, na ce bari in ga abin da aka cire littafin dominsa. Kafin damina ta ƙare mu biyu muka rage, ni da shi, sai awakin da ke fakewa a barandar coci.

Ni ban yi nisa a karatu ba, kuma kaina ya riga ya cika da kuɗin makarantar jikoki da ciwon gwiwa. In ya koya mini baiti yau, kafin wata Alhamis ya gudu. Shi kuma yanar ido ta fara rufe masa gani. Sai ya kai littafin har bakin hancinsa, ya karanta layi ɗaya, ya tsaya, ya ce, "Ure, me aka sa a nan?" In duba in ce, "Dede, ni ma tururuwa nake gani." Wani lokaci mu yi dariya. Yawanci dai sai mu zauna muna jin samari a ɗaya gefen suna gwada lasifika.

Ya kai wa wani mai buga littattafai a Owerri, mutumin ya juya shi gaba da baya ya tambaye shi su wa za su saya. Ticha ya rasa sunan da zai kira.

Bayan bikin sabuwar doya ya daina fitowa. Da na je duba shi na same shi kwance a tabarma, littafin na gefen matashinsa, an sake masa ƙyalle.

"Ure, ke ce mai sa wa mutane a hannu, ko?"

"Ni ce, Dede."

"In lokacina ya yi, ki sa mini shi."

Tsohon haushina ya taso. Na ce, "Au, dama wa kanka ka ƙwato shi?"

Ya girgiza kai. "Ba nawa ba ne. Aro na yi, kuma ban yi kome da shi ba. Zan kai mata abinta. Tana can tsaye ana waƙa, hannunta ba kome."

Na gyara masa mayafi na fito, na yi kuka a hanya kamar yarinya.

Bai kai Kirsimeti ba. Muka shirya shi a ɗakinsa, na ɗora masa littafin a ƙirji na naɗe dogayen yatsunsa a kai. Da masu ɗauka suka zo da murfin akwati, na ce su dakata. Ahunna ta ce, "Me kuma ake jira?" Na ce a ɗan ƙara dai.

Ƙofa nake kallo. Gidan cike yake da mutane, har da mawaƙan coci da rigunansu, da fasto, da jikokinsa, kuma babu wanda bai san wane littafi ne a ƙirjinsa ba. Jira nake wani ya shigo ba gaisuwa, ya yi mana rashin kunya, ya ce mu bar shi a sama. Da ko tarar zakara ba za mu ci shi ba.

A waje aka tayar da janareto, lasifika ta fara kuwwa. Ahunna ta taɓa kafaɗata. Na matsa gefe, suka rufe.