Kifin Roba Mai Ƙara

Shekara da shekaru ina faɗa da kifayen robar mijina Haggai. Roba ce aka ƙera kamar ɗan kifi, aka rataya mata ƙugiya, aka zuba 'yan ƙarafa ƙanana a cikinta, yadda ko tari ka yi kusa da ita sai ta ce kacau. Da su yake kamun wani kifin teku da Turawa ke kira bass, wanda ke shigowa kogin Thames lokacin zafi. A flat ɗinmu, gidan da muke zaune a unguwar Catford, babu inda ban tsinci abin nan ba. Na tsince shi a durowar cokula, na tsince shi a aljihun rigar coci, har akwai ranar da na kira mai gyara don na ɗauka injin wanki ne ya lalace, mutumin ya zaro mini kifin roba yana dariya.

Haggai ɗan Ibi ne, a bakin Binuwai aka yanke masa cibi. Hujjarsa kullum ita ce ruwan Thames kamar kunu yake, kifi ba ya ganin komai a ciki, sai dai a kira shi ta kunne. Amininsa Malam Maje kuwa ɗan Yawuri ne, tare suka tuƙa bas a Old Kent Road har suka yi ritaya. Shi tana yake sawa a ƙugiya ya zauna shiru, wai kifi ba ya son hayaniya. Kowace Asabar sai sun je gadar Erith, wadda ta miƙe cikin ruwa ba ta ƙetare ba, su yi musu har ruwa ya janye, su dawo mini da yunwa da wari, kifi kuwa sai an yi sa'a.

Cikin sanyin bara ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kama Haggai. Ya taɓa hannunsa na dama da ƙafa da harshe. Da aka sallamo mu daga asibiti yana ɗan ƙoƙarin magana, har ranar da 'yan cocinmu suka zo gaisuwa. Ya nemi ruwa, kalmar ta fito a karkace, wata baiwar Allah ta sunkuya ta amsa masa da muryar da ake yi wa jariri. Daga ranar ya rufe bakinsa. Mai gasa masa jiki ta ce hannun da sauran rai, harshen ma haka, amma sai mai su ya so. Shi kuwa ya ɗora hannun a cinya kamar kayan wani da aka ba shi ajiya.

Gidan da na yi ta roƙon Allah ya yi shiru sai ga shi ya yi, na kuma tsani shirun.

Ɗanmu Mordecai ya samo wani care home, gidan kula da tsofaffi da marasa lafiya, ya ce ranar Litinin za mu je mu ga ɗakin. Ban ga laifinsa ba. Bayana ya gaji da ɗaga mutum, kuma idan Haggai ba zai taimaki kansa ba, ni kaɗai ba zan iya ba. Amma na san mijina. Idan aka kai shi inda baƙi za su riƙa yi masa muryar jarirai safe da yamma, ba zai ƙara buɗe baki ba har abada. Tsoro nake ji sosai, kuma ban faɗa wa kowa ba.

Ranar Asabar da safe sai ga Malam Maje ya buga ƙofa, da hularsa ta sanyi ko da yake rana ta fito.

"Maman Mordecai, ki sa masa jaket. Na duba tide, lokacin hawa da saukar ruwa, zai cika kafin azahar."

"Malam Maje, mutumin da ko cokali ba ya riƙewa za ka kai bakin ruwa?"

"Wa ya ce shi zai kama? Kallo zai yi ya koyi aiki."

Bai jira izini ba ya wuce ya jawo akwatin kamun kifin Haggai daga bayan kujera. Akwatin ya yi ƙara. Na ga idon Haggai ya bi shi, sannan ya koma kan talabijin. Wannan ɗan motsin idon ne ya sa na ɗauko jaket ɗin.

A Erith na tura Haggai a keken guragunsa har ƙarshen gada, na taka birki. Ruwan yana cikowa, launin ƙasa-ƙasa, iska tana kaɗawa. Malam Maje bai ko taɓa tanarsa ba. Ya buɗe akwatin da ba nasa ba, ya ɗan bincika, ya zaro farin kifin nan mai jan kai, wanda ko Mordecai bai isa ya taɓa ba. Ya ɗaura shi a zare, ya girgiza shi a saitin kunnen mai shi.

"Yau dai zan nuna maka abin nan wasan yara ne."

Ya wurga, abin ya faɗa ruwa tim a kusa da ƙafar gada. Sai ya hau naɗe zare ba ƙaƙƙautawa kamar mai markaɗen tattasai. Ya fito da shi, ya sake wurgawa, ya sake markaɗe. Yana yi yana surutu, wai ga shi nan, ko kwaɗo bai leƙo ba, wai mutanen Binuwai dama ganga suka iya, ba kamun kifi ba.

Ni da ban taɓa riƙe sandar kamun kifi ba na san ba haka ake yi ba, don an karanta mini karatun a kan tuwo fiye da yadda zan iya tunawa. Fizga ake yi abin ya yi ƙara, a sake fizga, sannan a tsaya cak. Ƙarar ita ke kiran kifi, amma a cikin shirun yake kawo cafka. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na ce a zuciyata wannan wane irin aboki ne, ya kwaso mara lafiya cikin iska don ya ci masa fuska da kayansa? Har na buɗe baki zan wanke shi tas, sai na lura da muƙamuƙin Haggai yana motsi.

Malam Maje ya fito da kifin robar, ya laluba aljihu ya zaro filaya.

"Matsalar ƙarafan nan ne na ciki. Bari in fasa shi in zubar da su, ka ga sai ya zama abin kirki."

Ya sa bakin filayar a jan kan.

"Tsaya."

Muryar ta fito a shaƙe, a karkace, amma muryar Haggai ce. Malam Maje ko waiwaye bai yi ba.

"Maman Mordecai, magana kika yi? Iskar nan ta hana ni ji."

"Ba... haka ba." Haggai ya ja numfashi, gumi ya tsatso masa a goshi. "Ka bar shi... ya yi shiru. Ɗan Yawuri."

"To ni ban gane ba. Shiru kamar yaya? Sai dai ka nuna mini."

Ya mayar da filayar aljihu, ya wurga, wannan karon abin ya tafi can nesa ya sauka a hankali. Ya durƙusa a dama da keken, ya riƙe sandar ta sama, ya bar gindinta a kan cinyar Haggai, daidai inda hannun nan yake kwance tun sanyin bara. Hannun hagu yana ɗaya gefen, ba zai kai ba. Muka jira. Yatsun suka yi rawa, suka buɗe kaɗan-kaɗan, suka kama sandar. Ya fizga, fizgar da ba ta fi ta kaza ba. Ya sake. Sannan ya tsaya, mu ma duk muka tsaya.

Sun yi haka sun sake, sun sake, ba komai. Can a wata tsayawa sai bakin sandar ya lanƙwashe. Malam Maje ya daburce ya hau naɗe zare da ƙarfi, wani abu fari ya yi walƙiya a saman ruwa, zaren ya saki. Kifi ya tafi abinsa.

Haggai ya dube shi sama da ƙasa.

"Shekara ashirin... ba ka koyi komai ba."

Kalmomin sun fito da ƙyar, wasu a gurguje, wasu da jan ƙafa, amma babu wadda ta ɓace a hanya. Na fashe da dariya, dariyar ta juye kuka, na bar ta ta yi yadda take so. Malam Maje ya miƙe ya tafi can jikin ƙarfen gada ya juya mana baya, ya daɗe yana fyace hanci, wai iska ce. A nan na tuna wurgawarsa ta ƙarshe, yadda ta tafi nesa ta sauka sumul, na gane markaɗen nan duk da gangan ne. Na ji kunyar zagin da na tanadar masa.

Da ya dawo na ce, "Malam Maje, da gaske za ka fasa kifin nan?"

"Ni ma addu'a nake ta yi kada ya bari in kai ga haka. Ya warke ya kashe ni?"

Ba mu kama komai ba ranar. Da za mu taso, Malam Maje ya cire ƙugiyoyin farin kifin da filayarsa, ya sa shi a tafin Haggai na dama, ya tafi ya yi sallar azahar a gefen mota. Yatsun suka rufe a kan robar. Tun daga Erith har muka shigo Catford abin nan yake kacau, kacau, ya tsaya, ya sake. Da can da tuni na ce a jefar da shi ta taga.

Ina kujerar baya na kira Mordecai.

"Zancen Litinin ɗin nan, ka kira su a yi cancel, mun fasa. Ka nemo mana mai gasa jikin nan ta dawo."

"Mum, we talked about this." Wai ai mun gama wannan maganar. Sai ya kasa kunne, ya tambayi ƙarar me yake ji. "What's that noise?"

Kafin in amsa, Haggai ya juyo da kansa wajen wayar.

"Ni ne," ya ce. "Babanka."