Saura Minti Nawa, Rafali?

"Baba Katanga, don girman Allah ka bar bawan Allahn nan ya wuce! Mita ya zo dubawa!"

Ko kallona bai yi ba. Ya ware ƙafafu a bakin ƙofar gida, ya ɗan ranƙwafa, idonsa ƙur a kan takalman mai duba mitar wuta. Mutumin ya yi dama, Baba ya yi dama. Ya yi hagu, Baba ya riga shi. Tsoho mai shekara sittin da ɗoriya, gwiwoyi a kumbure, amma sai ka rantse da igiya ɗaya aka ɗaure su.

"Hajiya, wannan lafiyarsa ƙalau kuwa?" in ji mai mita, ya rungume jakarsa a ƙirji.

"Ta fi taka. Tsaya inda kake."

Na tsame hannu daga bahon wanki, na goge kumfa a zani, na zaro usur daga wuyana. Na busa sau uku, na ƙarshen da ɗan tsawo.

Nan take kafaɗun Baba suka sauka. Ya miƙe tsaye, ya ja numfashi, ya miƙa wa mai mita hannu.

"Ka yi wasa mai kyau, yaro. Amma ƙafarka ta hagu ba komai a cikinta."

Sannan ya juyo, ya dube ni da idonsa na da, wanda na sani.

"Maman 'yan biyu, an yi la'asar?"

"Yanzu za a kira, Baba."

"To miƙo min buta."

Haka muke yi kullum, shekara biyu cur. Shi ya sa matan gidan hayarmu suka sa min suna Rafali. Ni kuwa ban san komai a ƙwallo ba. Aji huɗu na yi aka cire ni, kuma har yau ban gane abin da ke sa ƙarti ashirin da biyu su bi abu ɗaya da gudu ba. Abin da na sani shi ne ɗakinsa yana kallon nawa, matarsa ta rasu, 'yarsa ɗaya tilo tana aure a gari mai nisa. In ban zuba masa abinci ba, babu mai zubawa.

Da can da yake da hankalinsa, in mijina, Baban 'yan biyu, ya dawo daga tuƙi, sukan zauna a benci su sha shayi, ni ina yankan albasa ina ji. Shekara goma sha shida Baba ya yi yana tsaron baya a ƙwallo, ana biyansa albashi a kai. Kulob uku, ɗaya ma a ƙasar waje, inda ya ce sanyi ya kusa cire masa kunne. Lamba biyar yake sawa. 'Yan kallo ne suka sa masa Katanga, don in ya tsaya ba a wucewa. Haƙoransa biyu na gaba a fili ya baro su. Hancinsa sau uku ana karyawa, har ya koma kamar an zauna a kai.

"Ƙwallon zamaninmu fata ce," yakan ce. "In ta sha ruwan sama nauyinta kamar bulo. Gola ya dako ta daga can, ni kuma in sa kai. Sau talatin a wasa ɗaya. Wani lokaci in tashi ina ganin raga biyu, in tambayi na kusa da ni wacce ce tamu."

Su yi ta dariya. Daga baya likita ya ce wannan sa kan ne ya girgiza masa ƙwaƙwalwa.

Labari ɗaya ne ba a dariya in ya zo kansa, na wasansa na ƙarshe. Saura minti biyu a tashi, aka jefo wa wani yaro ƙwallo ta bayansa. Shi a ganinsa yaron ya yi satar gida, wato ya riga masu tsaron baya shiga kafin a bugo, laifi ne. Sai ya ɗaga hannu ya tsaya cak, yana jiran rafali ya busa. Rafali bai busa ba. Yaro ya wuce ya zura. Kulob ɗinsu ya faɗo rukunin ƙasa, shi kuma aka sallame shi, ko takardar godiya babu. Ya ƙare a gadin wani sito, shekara ashirin.

"Ba a tsayawa sai an ji usur," yakan ce, yana juya kofi a hannu. "Ko ka gaji, ko kana da gaskiya. Sai an busa."

Da ciwon ya kama shi, wannan maganar ce kaɗai ta rage masa. Ya manta sunan 'yarsa, ya manta hanyar masallaci, amma da ya karya kumallo zai je bakin ƙofa ya ware ƙafa. Rana, ruwa, ba ruwansa. Mun ja shi, mun roƙe shi, mun yi masa tsawa, a banza. Har ƙafafunsa suka haƙa 'yan ramuka biyu a ƙasar wurin.

Mai kwasar shara ne ya cece mu ba da saninsa ba. Ya zo wucewa da kurarsa yana busa usur, ya busa sau uku, sai ga Baba yana gaisawa da kowa yana shigowa gida. Washegari na je kasuwa na sayo nawa, ja, na roba.

Abin da ya sa na riƙe usur ɗin nan kamar carbi shi ne, in aka busa, Baba yana dawowa. Ya gane ni, ya yi alwala daidai, ya yi sallah raka'a huɗu ba kuskure. Da farko yakan kai awa guda a haka. Sai ya koma rabin awa. A ƙarshe minti goma ne, da ƙyar. Kullum a cikin mintocin nan sai na sa shi ya yi kalmar shahada.

"Ke Rafali, kin fi liman naci," yakan ce. Amma yana faɗa, tsaf.

Addu'ata ɗaya ce a kansa, duk sujada: Allah, in za ka ɗauki bawan nan naka, ka ɗauke shi a cikin minti goman nan. Kar ya tafi yana tsaron baya.

Ranar wata Talata ina asibitin awo da ƙanwata, ruwa ya tsuge. Kafin in dawo Baba ya yi awa uku a tsaye a ciki, sannan ya faɗi. Kwana huɗu a asibiti, ƙirjinsa yana ƙara kamar tukunya a wuta. A na biyar likita ya ja Baban 'yan biyu gefe, ya ce mu kai shi gida kawai. Na buga wa 'yarsa waya, ta ce ga ta nan, amma tafiyar yini da kwana ce a mota.

Wansa ne ya fara isowa, da hantsi. Ban taɓa ganinsa ba sai ranar. Dogon dattijo, fari tas da furfura, da mutum biyu daga masallacinsu. Yana shiga ɗakin ya tsaya yana kallon bango. Hotunan ƙanensa ne da gajeren wando, da tsohuwar riga mai lamba biyar a rataye a ƙusa.

"A sauke waɗannan," ya ce. "Mala'iku za su shigo."

Aka sauke. Ban hana ba, don gaskiyarsa ce.

Baba yana kwance a katifa, ido a buɗe, amma ba ɗakin yake gani ba. Dugadugansa suna ta gogar zanin gado, dama, hagu, dama, hagu. Wansa ya durƙusa kusa da kunnensa.

"La'ilaha illallah. Ƙanena, faɗi. La'ilaha illallah."

"Riƙe mutuminka!" in ji Baba, murya a shaƙe. "Gola, taka ce! Ku fito, ku fito!"

"La'ilaha illallah."

"Matsa, kana tare min!"

Ina tsaye a bakin ƙofar ɗakin, bayan labule. Na yi gyaran murya.

"Alhaji, sannu da zuwa. Don Allah a ba ni minti ɗaya. In na busa masa wannan, zai dawo hayyacinsa, zai faɗa da bakinsa."

Ya juyo a hankali. Ya kalli usur ɗin, ya kalle ni.

"Baiwar Allah, mene ne wannan?"

"Usur ne, Alhaji. Shi a ganinsa wasa ake yi. Ba zai saurari kowa ba sai an tashi."

"Usur." Ya girgiza kai. "Mutum yana gargara, ki zo masa da usur? Ƙwallon nan ita ta raba shi da mahaifinmu. Ita ta cinye masa ƙuruciya, ta cinye masa gwiwa, ta cinye masa hankali. Yanzu kuma so kike ta raka shi har bakin kabari? Abin da kunnensa zai ji na ƙarshe kenan?"

"Ba na ƙarshe ba ne, Alhaji. Bayan shi ne zai..."

"Ke wace ce tasa?"

"Maƙwabciya ce."

"To Allah ya saka da alheri. Nan gaba namu ne."

Ɗaya daga cikin mutanen masallacin ya sunkuyar da kai yana ɓoye murmushi. Baban 'yan biyu ya taso ya zo kusa da ni, ya rage murya.

"Ki rufa min asiri. Ɗan'uwansa ne, uwa ɗaya uba ɗaya."

"Kai ma ka san yana aiki. Ka gani da idonka."

"Na sani. Amma ba a gaban mutane ba. Ki bari su fita."

Na duba agogon bango. Saura kwata a kira azahar. Na ce a raina, shi kenan, suna tafiya masallaci zan shiga in busa, in sa shi ya faɗa, kafin su dawo an gama, ba wanda ya ji kunya. Ni mai lissafi ce, duk gidan an san ni da haka. Na dunƙule usur ɗin a hannu a cikin hijabi, na tsaya ina jira.

Alhaji ya ci gaba da karatu. Na ga hawaye a gemunsa. Ba mugu ba ne, wallahi. Ƙanensa yake so ya ceta, irin yadda ya iya.

Can sai Baba ya juyo da kai wajen ƙofa. Iska ta ɗaga labulen, ya gan ni. Bai gane wansa ba, bai gane Baban 'yan biyu ba, amma ya san mai jan usur.

"Rafali," ya ce. "Saura minti nawa?"

Duk suka juyo suna kallona. Usur ɗin yana tafin hannuna, ya jiƙe da gumi. Daga hannu zuwa baki, tafiyar nawa ce? Na kalli Alhaji. Na kalli mijina.

"Saura kaɗan, Baba," na ce.

"To." Ya haɗiye yawu da ƙyar. Ya juya ga mutanen da ke zagaye da shi. "Ku daure, yara. Kar kowa ya tsaya."

Dugadugansa suka ci gaba da gogar zani. Dama, hagu. Dama, hagu. Dama.

Ladan ya ɗaga murya bayan an ja wa Baba zani an rufe masa fuska.

Bayan la'asar aka kai shi. Mutum goma sha wani abu ne suka bi gawar, yawanci 'yan layinmu. Daga kulob ukun nan babu wanda ya zo, ban ma san ko sun ji ba. Alhaji ya yi min godiya sosai kafin ya tafi, har da sa albarka. Na amsa da amin.

'Yarsa ta iso washegari da safe, ƙafa a kumbure da zaman mota, goyo a baya. Ta zauna a katifar da babu kowa, ta ɗauki rigar nan mai lamba biyar daga ƙasa, ta ninke ta a cinya. Da ta gama kukanta sai ta ɗago.

"Inna, ya samu ya yi kalmar?"

Ita ce ta koya min a waya cewa busa uku shi ne tashi daga wasa. Ta sani. Idonta yana kan igiyar da ke wuyana.

"Kin busa masa?"

Na buɗe baki. Ni ba na ƙarya, ko a ciniki.

"Jira nake su fita," na ce.

Ta gyaɗa kai, ta kwance goyonta, ta juya baya ta ba shi nono.

An ba da ɗakin haya ga wani tela, har ya shafa sabon fenti. Mai mita yana shigowa yanzu kai tsaye, ko sallama ba ya tsayawa yi sosai. Matan gida sun daina ce min Rafali, ba wanda ya hana su. Ina yi wa Baba addu'a duk sujada. Malamai sun ce wanda hankalinsa ya gushe an ɗauke masa alƙalami, na ji, na kuma yarda. Amma in la'asar ta kusa, hannuna da kansa yake tafiya wuyana.

Jiya an yi ruwa da rana tsaka. Da ya ɗauke na fita da tsintsiya in kore ruwan bakin ƙofa. Ko'ina ya tsane, sai 'yan ramukan nan biyu, kusa da juna, cike taf. Wata kurciya ta sauko tana sha daga na hagu. Na tsaya da tsintsiyar a hannu har ta gama.