Ka Tafi, Kada Ka Dawo

Lorna Pickersgill tana da shekara ashirin da biyu lokacin da jirgin su Dennis ya nutse. A Grimsby ba baƙon abu ba ne teku ta ci masunci, amma wannan karon mutum goma sha tara ta haɗiye lokaci guda, ko hular mutum ɗaya ba a tsinta ba. Dennis mijin yayarta Glenys ne. Shi ya saya wa Lorna gitarta ta farko a shagon 'yan gwanjo, ya ce gara ta damu maƙwabta da kiɗa da ta dame shi da surutu.

A lokacin aikinsu ɗaya ita da Glenys, feɗe kifi a wata masana'anta ta bakin tasha, a tsaye tun safe har yamma, hannu cikin ruwan ƙanƙara. Ran Asabar kuwa sai Lorna ta goge ƙarnin hannunta da lemun tsami, ta saɓi gita ta nufi kulob ɗin ma'aikata, ta yi waƙa kafin mai barkwanci ya hau. Ladanta fam huɗu da farantin soyayyen dankali.

Sati uku bayan addu'ar da aka yi wa mamatan a coci, ta je gidan Glenys da hantsi, ta same ta a kicin da jaririyarta Bethan a cinya, shayi ya huce a gabanta ba ta taɓa ba.

"Lorna, zan gaya miki wata magana," in ji Glenys, "amma in ta fita daga bakinki ban yafe ba."

"Haba Glenys, ni ce fa."

"Ranar da zai tafi faɗa muka yi. Kin san a kan me? A kan labule. Na ce ya kafa mini sandar labule kafin ya tafi, ya ce sai ya dawo. Na ce kullum sai ka dawo, sai ka dawo. Ya ɗauki jakarsa ya tsaya a bakin ƙofar can yana jira in zo mu yi sallama. Ko juyowa ban yi ba. Ce masa na yi, ka tafi, kada ka dawo."

A garin da mace ba ta wanki ranar da mijinta zai shiga teku, don kada ta wanke shi daga duniya, wannan ba ƙaramar magana ba ce. Lorna ta rungume ta suka yi ta kuka, ta rantse ko uwarsu ba za ta ji ba. Kuma har ranta ta rantse. Sai dai tana cikin bas a hanyar gida ta ji kalmomin nan sun fara hawa kan wani sauti da kansu. Cikin kwana biyu waƙa ta haɗu. Ta rubuta ta a bayan takardar albashi, ta cusa a akwatin gita, ta ce wannan tsakaninta da zuciyarta ce.

Bayan shekara biyu ta samu ganin Rupert Hallam, mai kamfanin faifan waƙa a London, mutumin da ake cewa in ya ɗaga ka ka ɗagu. Waƙa goma sha ɗaya ta rera masa a ofishinsa, yana ta ɓare gyaɗa yana duban agogo.

"Muryar dai akwai," in ji shi. "Waƙoƙin ne ba gishiri. Farin wata, taurari, saurayi ya ƙi zuwa. Yarinya, ina da irinki bakwai a zaune a waje. Ba ki da wadda za ta sa mace ta ajiye guga ta kasa kunne?"

Tikitin komawa gida yana aljihunta. Ta tuna ruwan ƙanƙarar da ke jiranta ran Litinin. Ta buɗe akwatin gita.

Da ta gama, Hallam ya daina ɓare gyaɗa. Ya ture kwanon gyaɗar gefe.

"Wa ya mutu?"

"Ba kowa. Ƙirƙira na yi."

"Ƙarya kike yi, amma ki ci gaba da faɗin haka, 'yan jarida za su so."

Ta roƙe shi ya bari ta sauya wasu wurare, ta cire labulen, ta cire mutum goma sha tara, ta cire jaririya mai jan gashi. Ya yi dariya ya ce ai labulen shi ne waƙar, in ta cire shi sai ta koma feɗe kifinta. Sunanta ma ya ce kamar na maganin tari, ya mai da ta Lorna Vale. Ba wanda ya ɗaure mata hannu. Biro ya miƙo mata, ta karɓa.

Wata huɗu ne tsakanin ɗaukar waƙar da fitowar faifan. Sau uku tana ɗaga waya za ta kira Glenys, sau uku tana ajiyewa. Ta riƙa gaya wa kanta cewa wataƙila ma faifan ba zai je ko'ina ba, me zai sa ta tayar da hankalin baiwar Allah a banza.

A wurin aiki Glenys ta ji ta, a rediyon da ke rataye saman teburan feɗe kifi, cikin mata arba'in. Da aka ce ga Lorna tamu ta Grimsby, wuri ya kaure da shewa, wata ta hau akwati ta ƙara murya. Kafin a kai amshi na biyu shewar ta mutu. Ba wadda ta nemi a yi mata bayani. Uwar Dennis tana tebur na uku. Ta ajiye wuƙarta, ta cire safar hannu, ta tako har gaban Glenys ta ce, "Ashe ke ce," ta tofa mata yawu a fuska.

Sati biyar waƙar tana kan gaba a duk ƙasar. Lorna ta zo gida a motar kamfani, da wata rigar sanyi mai tsada a kwali. Glenys ta buɗe ƙofa kaɗan, sarƙa na maƙale.

"Glenys, don Allah ki saurare ni. Ban faɗi sunanki ba."

"Kin kyauta. Labulen nawa ma da kin faɗi kalarsa."

"Ban yi zaton za a gane ba."

"Kin yi. Ke ba wawuya ba ce, ko da can ba ki taɓa zama ba. Kin auna ni, kin auna London, kin ga wanda ya fi nauyi. Jiya mai kawo madara ya tsallake ƙofata. Matan mutum goma sha takwas suna ganin bakina ne ya kashe musu maza. Mene ne wannan a kwali?"

"Riga ce na kawo miki."

"Ki kai wa uwar Dennis, ita ta yi rashin ɗa. Ni me na rasa? Ni ai ni na kore shi, duk Ingila ta shaida."

Ta rufe ƙofa. Kafin ƙarshen shekara ta kwashe kayanta da 'yarta ta bar garin, ta hana uwarsu faɗin inda ta koma. Uwar kuwa har ta mutu ba ta faɗa ba.

Lorna ta ɗauka in ta yi wata waƙar da ta fi wannan za a manta da ita. Faifai na biyu ya ɗan motsa ya kwanta. Na uku, wanda ta fi zuba wa rai, a kwandon rangwame ta gan shi da idonta a wani kanti a Leeds. Hallam ya daina ɗaukar wayarta, sakatariyarsa ta riƙa cewa yana taro, taron da bai ƙare ba har ya bar duniya. Lorna ta auri mai buga mata ganga, suka yi shekara shida suna cin mutuncin juna a bayan mota, suka rabu. Daga manyan zauruka ta sauko zuwa jiragen yawon shaƙatawa, daga nan zuwa sansanonin hutu na bakin teku, inda yara ke guje-guje a gaban dandamali, iyaye na cin kifi da dankali a takarda.

Ba ta daina rubutu ba. Waƙoƙinta sun haura ɗari biyu, kuma ta san a cikinsu akwai waɗanda suka fi waccan kyau nesa ba kusa ba. Ba mai so. Sau ɗaya a Blackpool ta yi ta maza ta ce yau ba za ta rera ta ba. Aka yi mata ihu, wani ƙato ya miƙe ya ce, "Ke tsohuwa, mu saboda ita muka biya, rera ko ki sauka!" Mai wurin ya tare ta a bayan fage ya ce in ta sake yi masa haka ta nemi wani gun. Washegari ta rera. Har ta kai tana iya rera ta tana tunanin abin da za ta dafa.

Tana da shekara sittin da uku magadan Hallam suka sayar wa wani kamfanin yawon buɗe ido waƙar, ba tare da an ko tambaye ta ba, don tun ranar da ta karɓi biron nan waƙar ta tashi daga tata. Aka ƙara wa kiɗan sauri don tallar talabijin, aka sa mata da maza suna watsar da takardun ofis suna tsalle cikin ruwa mai shuɗi, muryarta tana cewa ka tafi, kada ka dawo. Tallar ta karɓu. Yaran da ba a haifi iyayensu ba lokacin da jirgin ya nutse suka riƙa rawa da ita a waya. Aka soma kiran Lorna a talabijin, aka shirya mata zagayen gari goma sha biyu. Ta sayi sababbin haƙora.

Ana cikin haka wata mata ta kira ta, ta ce ita ce Bethan. Muryarta a bushe. Ta ce mahaifiyarta tana gidan kula da tsofaffi a Leicester, hankalinta ya gushe shekara uku ke nan, likita ya ce ba nisa. In tana son ganinta ta zo ran Laraba da ƙarfe biyu.

Lorna ta kwana uku tana shirya abin da za ta faɗa. Ta tarar da Glenys a kujera kusa da taga, ta ƙanƙance, an lulluɓe mata ƙafafu da bargo. Bethan, mace 'yar arba'in da ɗoriya mai furfura cikin jan gashi, tana tsaye a jikin bango ta harɗe hannu.

Lorna ta durƙusa, gwiwoyinta suna ƙara. "Glenys, ni ce Lorna."

"Sannu, 'yar nan. Ke ce mai yanke farce?"

"Ƙanwarki ce. Na zo neman gafara. Na ci amanarki, kuma ina sane na ci. Shekara arba'in ban yi barci mai daɗi ba."

Glenys ta dube ta da tausayi, ta shafa mata kai. "Ayya. To daina kuka mana, ba komai. Kowa yana kuskure. Kin sha shayi?"

Wata ma'aikaciya ta shigo da magani, ta yi turus, ta dafe ƙirji. "Kai! Ba ke ce ta tallar nan ba? Wayyo, Glenys, ba ki gaya mana kin san manya ba! Ai in aka sa tallar har tafi take yi, ita ce waƙarta a nan gidan." Ta ja amshin da muryarta mai kaushi. Glenys ta washe baki, ta kama, tana buga hannun kujera, ba ta kuskure kalma ɗaya ba.

Bethan ta kama hannun Lorna ta fitar da ita baranda.

"Na ga fuskarki lokacin da ta ce ba komai," in ji ta. "Kada ki kuskura ki tafi da shi. Jiya ma haka ta ce wa wanda ya zubar mata da miya. Matar da kika yi wa laifi ba ta nan, kuma har ta tafi ba ta yafe ba. Na tambaye ta da bakina lokacin tana gane mutane."

"To me ya sa kika kira ni?"

"Don ki gani. Shekara talatin tana goge ofisoshi da asuba don kada ta yi aiki inda ake kunna rediyo. Ban taɓa zuwa bikin kowa da ita ba, tana tsoron makaɗi. Ina da shekara sha biyar na san ni ce jaririyar, a bakin wata malama na ji. Ke kuma kin ce ba ki yi barci mai daɗi ba. Sannu da ƙoƙari."

Lorna ta ji kanta tana tambaya ko akwai abin da suke bukata, ko kuɗin gidan nan.

"Akwai," in ji Bethan. "In kin je talabijin kada ki ce kin zo."

Glenys ta rasu a watan Fabrairu. Sai da aka binne ta da kwana biyu saƙon Bethan ya shigo wayar Lorna, layi ɗaya, ba gaisuwa. A lokacin tana gari na bakwai a zagayen, tana karyawa a ɗakin cin abinci na otal. Ta karanta, ta kife wayar kusa da faranti. Matar da ke zuba shayi ta daɗe tana kewaya teburin, can ta yi ƙarfin hali ta matso ta ce ko za ta yarda su ɗauki hoto, mijinta ba zai taɓa yarda ta gan ta ba sai da shaida. Lorna ta goge bakinta, ta gyara gashi, ta ce mata ta juyo ta wannan gefen, hasken ya fi kyau.