Hammatar Jar Kwat

A ɗakin sutura na gidan talabijin, kowa ya san aikin jar kwat ɗin nan mai ƙyalƙyali. Duk mako a gasar waƙa sai an zaɓo wanda bai iya ba a sa masa ita, a ce wa Tela, mai ɗinkin gidan, ta kama hammatar da zare ɗaya, sako-sako. Da ya ɗaga hannu a ƙarshen waƙa sai ta yage, 'yan kallo su tuntsire da dariya, alƙalai su dafe kai kamar ba da saninsu ba. Wai nishaɗi ke nan. Shekara huɗu Tela tana wannan ɗinki, ba ta taɓa cewa uffan ba.

Ranar Laraba furodusa ya turo mata mai kwat na makon. Sai ga kawunta, tsohon direban bas, ya rina gashinsa har baƙin ya zubo masa a kunne.

Ta rufe ƙofa ta tona masa komai. Ta ƙara da cewa muryarsa ko a banɗaki ba ta sauraruwa, ga dangi kaf za su kalla. Ya ce ai ba ya fashin shirin, kuma ba makaho ba ne.

"Kawu, dariya fa za su yi maka."

"Su yi mana. Shekara talatin ina tuƙi, ƙeyata kawai mutane suka sani. Ke dai auna ni."

Ta auna shi ranta na tafasa. Furodusa ya leƙo ya ɗaga mata yatsa ɗaya, har da kashe ido. Ta ce ta gani. Yana fita ta sa zaren ɗinkin tanti a keke, ta bi hammatar sau uku.

Kawu ya hau dandali ya yi wa waƙar mutane kisan gilla, yana karkaɗa kafaɗa, yana jefa wa alƙalai sumba. Aka yi ta dariya. Da ya zo ƙarshe, makaɗi ya ɗaga sanda yana jiran yagewa, kyamara ta matso daidai hammata. Kawu ya ɗaga hannu biyu.

Ko zare bai motsa ba. Mai kyamara ya jira, ya gaji da nuna wa duniya hammata, dole ya ɗaga zuwa fuskar Kawu.

Furodusa ya banko ƙofar ɗakin sutura yana kumfar baki. Ya tarar da Tela tana sa almakashinta a jaka, idonta na kan allon talabijin.