Wasiƙar da Ba Ta Cikin Kwalaye

Kwalaye shida ne rataye a bangon ajin, zafin bazara ya nannaɗe gefen kowannensu. Malama Zahara'u ce ta rubuta su da hannunta, da jan alƙalami da baƙi: labari, rahoto, wasiƙar gida, wasiƙar ofis, umarni, muhawara. A ƙarƙashin kowane suna ta jera gaɓoɓinsa, daga abin da ake farawa da shi har zuwa abin da ake rufewa.

Daga Tambuwal ta zo da su. Lokacin da gwamnati ta buɗe makarantu ko'ina har malamai suka yi kaɗan, an tara su kwas na mako uku, wani jami'i mai yawan share gumi ya ce a daina ce wa yaro ya rubuta insha'i kawai. Kowane irin rubutu da nasa ginin. A nuna wa yaro samfuri, a gina ɗaya tare da shi a allo, sannan a sake shi ya gina nasa. Zahara'u ta yarda da maganar har zuciya. Ta dawo Fakku, inda aka haɗa mata aji biyar da aji shida a ɗaki guda, yara sittin da ɗaya, ta yi ta nunawa tana ginawa har muryarta ta dushe.

Yau kwana huɗu ke nan gurbin Fadima a bencin gaba ba kowa. Ita kaɗai ce mace da ta rage a aji shida, ita ce kuma ta fi kowa riƙe abin da ke cikin kwalayen. Saura mako uku a yi jarrabawar shiga sakandare.

"Ubanta ya dawo daga Ikko," in ji hedimasta, bai ko ɗago daga rajista ba. "Ya ce ta gama boko. Wai wata takarda ta rubuta mashi. Ki bar zancen, Malama. Kin gaji, ni ma na gaji."

Ta gaji ɗin kuwa. Amma bayan la'asar ta ja gyalenta ta nufi gidan.

Wata guda ke nan da rasuwar Atu, kakar Fadima, kuma Zahara'u ta je gaisuwa tun a lokacin. Yau ta tarar da Almu, uban yarinyar, zaune a rumfar tsakar gida, har yanzu hannuwansa a tsattsage saboda dakon siminti a tashar jiragen ruwa. Kusa da shi baffansa ne, Malam Ɗangiwa, wanda ya shekara arba'in yana rubuta wa mutanen garin wasiƙu da ajami kafin idanunsa su yi hazo. Ta durƙusa, aka gaisa, aka sake yi wa mamaciya addu'a. Da ta faɗi abin da ya kawo ta, sai Almu ya sa hannu a aljihu ya miƙo mata takarda da ta sha ninki har ta kusa rabewa.

Ta gane rubutun tun kafin ta karanta.

"Ranar Litinin da hantsi Inna Atu ta rasu a ɗakinta. Ciwon ƙirji ne, kwana tara ta yi. An kai ta makwancinta bayan azahar. Mutane da yawa sun zo. Fadima ce ta rubuta."

Babu kuskure ko ɗaya. Da a aji aka kawo mata, goma bisa goma za ta ba da.

"Ni ban iya karatun boko ba, Malama," in ji Almu a hankali. "Muna zaune muna cin abinci anka kawo ta. Anka kira sunana, anka ce ɗiyata ta rubuto. Don murna na ba wani abokin aiki, na ce shi ɗaga murya kowa shi ji ɗiyar Almu ta iya. Loma na bakina. Ko sallama babu. Haka nan na ji uwata ta mutu, kamar ana faɗin jirgi ya iso."

Zahara'u ta ninke takardar ta mayar masa.

"Ban ce laifinki ba ne. Amma karatun da zai sa yaro shi jefi ubanshi da mutuwa, wanda ta yi ya isa."

Ta roƙi a kira yarinyar. Fadima ta fito daga ɗaki ta rakuɓe jikin ginshiƙin rumfa, ta rame, idonta a ƙasa. Tun da uban ya dawo bai yi mata magana ba.

"Fadima, me ya sa ba ki yi wasiƙar gida ba?"

"Motar Ikko za ta tashi, Malama, kowa na kuka, anka ce in rubuta maza. Na fara wasiƙar gida. To kwalin ya ce a fara da 'muna nan lafiya ƙalau.' Mu kuma ba mu lafiya. Sai na duba sauran a kaina, na ga rahoto ne kaɗai ba ƙarya ciki. Kin ce babban abu shi ne a farko. Mi ya faru, yaushe, a ina. Kin ce ba a yi wa rahoto ado."

Haka ta ce. Ta faɗa ya fi sau ɗari, tana buga allo da alli. Ta ji gajiyar shekara biyu ta taru ta sauka a kafaɗunta.

"Laifina ne," ta ce da Almu. "Abin da na koya mata ta bi, ba ta kauce ba ko kaɗan. Iri shida na ba su, babu wannan a ciki."

Malam Ɗangiwa, wanda tun ɗazu yake jan carbi, ya gyara murya.

"To ga wata nan ta taso. Lauwali, ƙanen wanga, shina Kumasi, har yau bai ji ba. Gobe fataken goro za su tashi. Ni idona ya ƙi. Malama, ke za ki rubuta muna."

Ta duba cikin kanta kamar yadda Fadima ta duba, kwali bayan kwali.

"Ban iya ba, Baba."

"Malama guda?"

"Wallahi ban iya ba. Ku da me kuke farawa?"

Tsohon ya ce ai wannan ba abin koyarwa ba ne, kowa ya sani. Ta dage, cikin ladabi, ta ce to in ya ɗauki alƙalami mene ne na farko. Ya ce sunan Allah. Sai me? Sai gaisuwa, a jero masu rai ɗaya ɗaya, don mutum ya san ba kowa ya rasa ba. Sai a tuna masa Mai rai da mutuwa, daga nan zuciyarsa za ta fara shiri da kanta. Sai jinya, da wanda ya yi ta, da abin da mara lafiya ya faɗa. Sannan, can ƙasa, a faɗi abin. A rufe da waɗanda suka yi wa mamaci salla, da addu'a. A bayan ambulan kuma a rubuta cewa babba za a ba ya karanta, a zaune, bayan an idar da salla.

Zahara'u ta ga yatsunta suna ƙirgawa a kan gwiwarta. Gaɓa bakwai.

"Baba, ku faɗi guda ɗaya cikakkiya mu ji. Sai mu yi wata tare. Sannan Fadima ta yi ta Lauwali ita kaɗai."

Ɗangiwa ya yi dariya har ya yi tari. "Ashe sai da anka kai ki Tambuwal mako uku kika san wanga? Haka malamina ya yi mani, sai dai shi da bulala."

Almu bai ce a yi ba, bai kuma hana ba. Aka kawo tabarma. Malama da ɗaliba suka zauna kafaɗa da kafaɗa a gaban tsohon, da littafin rubutu ɗaya a tsakaninsu. Ya karanto wata da ya taɓa rubutawa shekaru da yawa, daga ka, bai yi tuntuɓe ba. Suka gina ta biyu tare, yana tsayar da su. Sau biyu Zahara'u ce ta yi gaggawa, ya ce, "A'a, ɗiyata, ba ki ba mai jin wasiƙar wurin zama ba tukun." Sannan ta zare hannunta, ta bar wa Fadima biro.

Inuwa ta kai bakin rijiya kafin yarinyar ta gama. Aka ce ta karanta.

"Da sunan Allah Mai rahama. Zuwa ga Baffa Lauwali. Malam yana gaishe ka, Baba ya zo yana gaishe ka, da mu yara duka. Bayan haka, ka san rai na Allah ne, Shi ke bayarwa, Shi ke karɓa a lokacin da ya so. Inna ta kwanta kwana tara, ni nake ba ta kunu. Ba ta sha wuya sosai ba. Ranar Lahadi ta kira sunanka da na Baba, ta ce kada a tashe ku daga neman abincinku, ta ce ta yafe muku duniya da lahira. Ranar Litinin da hantsi Allah ya karɓi abinsa, ta cika da kalmar shahada..."

"Tsaya."

Almu ne. Karo na farko ke nan da ya dubi 'yarsa.

"Yaushe ta faɗi wagga magana?"

"Da safe, Baba. Ni kaɗai ke ɗakin."

"Mi ya hana ki rubuto mani?"

Fadima ta saci kallon malamarta, ta sunkuyar da kai. "Babu gurbinta a kwalin."

Wata akuya ta zo ta sunsuni tabarma ta wuce. Almu ya sa tafin hannunsa mai kaushi ya rufe fuska, ya daɗe a haka, kafaɗunsa na motsi. Tsohon ya ci gaba da jan carbinsa kamar bai ji ba.

"Ƙarasa," in ji Almu daga baya.

Ta ƙarasa. Ya karɓi takardar ya riƙe, ko da yake ba zai iya karanta ta ba. Sannan ya ɗauko tsohuwar takardar, mai layi biyar, ya dube su tare. Zahara'u ta buɗe baki za ta yi zancen jarrabawa, sai ta ga tsohon ya ɗan ɗaga yatsa, ta haɗiye.

Ta yi sallama ta miƙe, gwiwoyinta suka yi ƙara. Littattafai sittin na jiranta a gida, kuma hedimasta ya riga ya ce kwali ya ƙare, sai dai ta juya bayan na muhawara ta rubuta na bakwai. Ta kai bakin zaure ta ji muryar Almu a bayanta, ƙasa ƙasa, ba da ita yake ba, da Fadima yake.

"Gobe in kin taso makaranta, ki rubuto mani tawa. Irin wagga. Ki sa sunana a sama."