Fitilar Mai Hoto

A ƙasar uwarta baƙa ake ce mata. Da ta zo wurin dangin ubanta kuwa, ko jaka ba ta ajiye ba suka raɗa mata Baturiya. Shekararta talatin da biyu, uban ya rasu bara, kuma abu ɗaya ya kawo ta: a ce ita ma 'yar gidan ce. Ina! Sati biyu ana ta janyo mata kujera ana tambayarta ko rana ta dame ta. Abin yana ci mata rai.

Ana jibi za ta koma, Kaka ta ce a je a ɗauki hoton iyali. Su goma sha ɗaya suka cika shagon mai hoto, wani ɗan ɗaki mai labule da zanen teku, da fankar da ba ta juyawa.

Mai hoto ya ɗauka, ya duba, ya taɓe baki. Ya rage fitila ya sake ɗauka. Sannan ya juyo musu da allon kwamfutarsa.

A na farko kowa ya fito tas, har furfurar Baffa sai ka ƙirga, amma Baturiya ta zama farin tabo ɗaure da ɗankwali, ba hanci ba baki. A na biyu ita ta fito sarai, sauran goman kuma ido da haƙora ne kawai.

"Fitilar ba za ta ɗauke ku tare ba," in ji mai hoto. "Ni dai ba laifina."

"To ai da sauƙi," Gwaggo ta ce. "Ɗauke mu, ka ɗauke ta daban, ka manna ta a gefe."

Kowa ya ce haka ne. Baturiya ma ta ce haka ne, ta fara matsawa wajen ƙofa.

Kaka ta kai fuskarta dab da allon, ta daɗe tana kallo.

"Wanke mini na biyun. Babba."

"Haba Inna," Baffa ya ce, "ni fa haƙora ne kawai a ciki!"

"Shekara sittin ina kallon fuskar nan taka, me ta tsinana mini? Goshin yarinyar nan na ɗana marigayi ne, kuma ko hotonsa ɗaya ba ni da shi." Ta waiwayo ta harari Baturiya. "Ke kuma don gidanku, wa ya ce ki matsa?"