Ƙararrawar Gidaɗo

A shekarun da motocin gyaɗa suka fara yawa a kan gadar Wudil, akwai wani maƙeri a bayan kasuwa, sunansa Haladu. Garma da lauje yake ƙerawa, kuma mutum ne da ba ya saurin yarda da baƙuwar fuska.

Wata Laraba da hantsi wani Bafulatani dogo ya yi sallama a maƙerarsa. Ya ce sunansa Gidaɗo. Sai da suka gaisa, aka tambayi gida da gajiya da damina, sannan ya kwance wata fatar akuya, ya ajiye wani curin ƙarfe kamar ƙwan agwagwa. Launinsa ba na azurfa ba ne, ba na dalma ba, kuma da Haladu ya ɗauka sai ya ji shi da ɗumi kamar jikin dabba.

"Ƙararrawa nake so ka ƙera mini, Malam," in ji Gidaɗo. "Kafin Juma'a."

"A ina ka samo wannan?"

"Gadon kakana ne."

Haladu ya ɗora curin a kan uwar maƙera, ya ɗan taɓa shi da masaba. Sautin bai yi ƙarfi ba, amma ya daɗe bai mutu ba. Kafin ya ɗago kai, jakin wani mai itace ya tsinke igiya ya zo ya tsaya a ƙofa. Awakin unguwa suka biyo baya, har da kaji, suka yi cirko-cirko, ba mai kuka a cikinsu.

Nan take Haladu ya gane. Mahaifinsa ya taɓa ba shi labarin wannan ƙarfe. Tsofaffin maƙera na kiransa makirayi, sun ce ba a haƙo shi a ƙasa, kuma duk dabbar da ta ji muryarsa sai ta bi. Juma'a kuwa ita ce ranar kasuwar shanu.

"Me ya sa sai Juma'a?" ya tambaya.

Gidaɗo ya ce ambaliya ce ta raba shi da shanunsa a fadamar Utai, sun shige cikin duhuwar bakin kogi, ya yi kira har muryarsa ta dushe. Ranar Asabar danginsa za su tashi. Yana maganar yana kallon ƙofa, abin da Haladu bai so ba ke nan.

Duk da haka ya karɓi aikin, don hannunsa na ƙaiƙayin taɓa ƙarfen. Ya toshe ƙofar maƙera da tsummokara don kada sautin ya fita, ya hura wuta da zuga-zugi. Da matarsa Barakatu ta kawo masa fura, ya gaya mata komai.

"Maigida, in ba ka yarda da shi ba, mayar masa da abinsa mana," ta ce.

"In na mayar, wani zai ƙera masa."

"To in gaskiya ya faɗa fa?"

Haladu ya koma kan aikinsa. Ranar Alhamis ya miƙa wa Gidaɗo ƙararrawar, an cusa mata auduga a ciki. Gidaɗo na ba da baya, Haladu ya nufi gidan Dalhatu, Sarkin Kara, wanda ke kula da kasuwar shanu, ya ba shi labarin Gidaɗo da ƙararrawar.

"Ranka ya daɗe, ban ce ɓarawo ne ba," in ji shi. "Amma a sa ido."

Washegari Dalhatu ya zo da 'yan doka biyu, suka bi Gidaɗo daga nesa, Haladu na biye da su. Mutumin bai ko kalli kara ba. Ya bi gaɓar kogi ya yi tafiya mai nisa, har hayaniyar kasuwa ta ɓace, sannan ya zare audugar ya kaɗa.

Can sai duhuwa ta motsa. Shanu huɗu ramammu suka fito, laka har wuya, suka zo suna shinshinar rigarsa. Gidaɗo ya rungume wuyan wata fara yana kiran sunanta. Kunya ta fara kama Haladu. Sai kuma ƙasa ta ɗauki rawa. Iska ta kai sautin har kara, ga shanun kasuwa nan garke guda sun tsinke igiyoyi, dillalai na gudu a bayansu suna ihu.

'Yan doka suka damƙe Gidaɗo. Ya rantse bai san sautin zai kai can ba. Da ya hango Haladu a bayan Sarkin Kara, sai ya daina rantsuwar, ya fizge hannunsa ya wurga ƙararrawar tsakiyar kogi.

Aka mayar da shanu, ba wadda ta ɓata. Huɗun nan kuwa tsagar kunnensu ba ta kowa ba ce a Wudil, don haka Dalhatu ya ce a sake shi. Gidaɗo ya kora abinsa ya wuce ta gaban Haladu. Har yau wasu na cewa makiyayi ne kawai, wasu na cewa gwaji ya yi, da ba a biyo shi ba da ya haye da garken duka. Haladu kansa yakan kwana a kan wannan ra'ayi ya tashi a kan wancan.

Abin da bai zata ba shi ne inda zargin ya koma. Mutane suka fara tambaya: wane maƙeri ne zai taɓa irin wannan ƙarfe bai gutsiri kaɗan ya ɓoye ba? Tunkiya ta ɓata, sai a zo a leƙa maƙerarsa. Ya buga masaba, sai maƙwabta su fito su duba turakunsu. Sau biyu 'yan doka suna tone masa toka, ba su sami komai ba, hakan ma aka ce ya iya ɓoyo ne.

Da kaka ta yi, Haladu ya ɗaure uwar maƙerarsa a kan jaki, shi da Barakatu suka koma Lajawa wurin dangin mahaifiyarsa. A can ya ci gaba da ƙera garma har ƙarfinsa ya ƙare.